Ladi Kwali: Maginiyar da ta tara namun daji a jikin randa

Duk wanda ya karɓi canjin Naira 20 a kasuwar Gwada da ke Ƙaramar Hukumar Shiroro, in ya juya bayan takardar zai ga wata mata tana ginin tukunya. Ita ce Ladi Kwali, Bagwariya, wadda ta rasu a Minna ranar 12 ga Agusta, 1984.

An haife ta a Kwali wajajen 1925, ta kuma koyi sana'ar tun tana yarinya a hannun wata 'yar'uwar iyayenta. Yadda matan Gwari suka gada, ba a amfani da na'ura: a murza yumɓu kamar igiya, a riƙa ɗora shi, maginiya tana zagaya randar har ta miƙe. Abin da ya fitar da Ladi daban shi ne zanenta. Kafin yumɓun ya bushe, sai ta raba jikin randar gida-gida, ta zana ƙadangare a nan, kunama a can, ga hawainiya, ga kada, ga kifi da tsuntsu. Mai kallo sai ya zagaya randar kafin ya gama ganin ƙaramin dajin da ta tsara.

Sarkin Abuja (Suleja ta yau), Alhaji Sulaimanu Barau, yana cikin masu tara tukwanenta, kuma a wurinsa ne Baturen Ingila Michael Cardew ya fara ganin aikinta. Da Cardew ya buɗe cibiyar koyar da ginin tukwane a garin, Ladi ta shiga a 1954, mace ta farko da aka ɗauka.

A nan ne aikinta ya sauya. Ta ci gaba da gina manyan randuna da hannu, amma da yumɓu mai jure wuta. Sai a cike zanen da farar ƙasa, a shafe randar da ruwan sheƙi, a gasa ta a tanderu mai tsananin zafi. Zanen ya ƙara fitowa, randar ta ƙara ƙarko. Sai dai an yi asarar wani abu: randar gargajiya tana tsattsafo, shi ya sa ruwanta ke sanyi, wadda aka yi wa sheƙi kuwa ba ta yi, ga ta da nauyi. Kayan ɗakin girki ya koma kayan kallo, kuma masu sayensa ba matan ƙauye ba ne.

An baje kolin aikinta a Landan a 1958, ta zagaya Amurka a 1972 tana nuna yadda take gini. Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya ta ba ta digirin girmamawa a 1977, sannan aka sa wa cibiyar Suleja sunanta.