Fim ɗin da ya tara kuɗin gina hasumiya a ƙasar Beljik

Ƴan kasuwa sun san mai kaya shi ke yabon kayansa. Haka abin yake a sinima: wanda ya riƙe kamara shi ke zaɓen abin da za a tuna.

A ƙasar Beljik harsuna biyu ne manya: faransanci a kudu, flamanci a arewa. Lokacin yaƙin duniya na farko, 1914 zuwa 1918, sojan ƙasar sun tare Jamusawa a bakin kogin Iser. Yawancin ƙananan soja Flamawa ne, amma da faransanci hafsoshi ke ba da oda. Wannan ya ɓata musu rai ƙwarai. Daga 1920 suka fara taruwa kowace shekara don tunawa da mamatansu.

Wani tsohon soja, Clemens De Landtsheer, sakataren kwamitin taron, ya tattara hotunan da aka ɗauka a fagen yaƙi, ya haɗa su da rubutu, ya fito da fim marar sauti a 1928. An zagaya da shi gari-gari, mutane na biyan kuɗin shiga. Kuɗin sun taimaka wajen gina hasumiyar tunawa a garin Diksmuide, wadda aka buɗe a 1930.

Fim ɗin ya nuna Flamawa ne suka zuba jini, wasu suka ci moriya. Malaman tarihi sun ce ƙorafin harshe gaskiya ne, amma an ƙara gishiri a zancen cewa rashin jin faransanci ne ya hallaka soja masu yawa. Kuma a wannan gari na Diksmuide, a ƙarshen 1914, sojan Afirka ta yamma da Faransa ta kwaso, tirayer, su ma sun mutu. Fim ɗin ba labarinsu ya zo bayarwa ba.

A yaƙin duniya na biyu, wasu ƴan kishin Flamawa sun haɗa kai da Jamusawa. A 1946 aka tarwatsa hasumiyar da nakiya. An sake gina wata mai tsawon mita 84, aka buɗe ta a 1965, ɗauke da rubutun kiran kada a sake yaƙi.

In aka nuna muku fim ɗin tarihi, ku yi masa duban hajja: wa ya kawo, kuma me ya bari a gida?