Wa Ke Riƙe Da Agogon Manoman Kura Da Bunkure?

A labaran almara, marubuci kan ƙago duniya sukutum, ya kuma ƙaga mata nata ilimin. Bari mu ƙaddara irin wannan duniya, inda masana suka gano cewa lokaci kansa jijjiga ce, irin ta tsirkiyar garaya. Duk wanda ya laƙanci sirrin, in ya ɗame tsirkiyar sai kwanaki su yi gudu, in ya sassauta ta sai wuni guda ya kai mako. Mu Hausawa ba baƙin irin wannan ƙirƙira ba ne, domin tun daga Ruwan Bagaja na Abubakar Imam a 1934 zuwa Tauraruwa Mai Wutsiya na Umaru Dembo a 1969, marubutanmu sun saba fita da mai karatu daga duniyar da ya sani.

Kimiyya ta haƙiƙa ba ta ce jijjiga na juya lokaci ba, amma da jijjiga take auna shi. A cikin agogon batir da ke hannunka, ya mai karatu, akwai wani ɗan dutse mai kama da ƙarau da ke karkarwa sau 32,768 a kowace daƙiƙa. Tun 1967 kuwa duniya ta amince cewa daƙiƙa ɗaya ita ce kaɗawa 9,192,631,770 da ake samu daga ƙwayar zarra ta sinadarin siziyom. Darajar agogo ke nan: bugunsa ba ya saɓa alkawari.

A nawa ganin, wurin da wancan almara ya fi kusa da zama gaskiya shi ne yankin noman rani na Kura da Bunkure da Garun Malam a Jihar Kano. A da, agogon manomin wannan yanki a sama yake. Malamai na lissafa masa taurari 28, kowanne kwana 13 in ban da ɗaya mai kwana 14, shekara ta cika kwana 365. Da su ake kirdadon saukar damina da shigowar ɗari. Idan an kai amfani gida da kaka, matasa sai su kama hanyar cin rani.

Madatsar ruwa ta Tiga, wadda aka kammala a 1974 zamanin Gwamna Audu Bako, ita ta sauko da wannan agogo ƙasa. Ruwa na gangarowa da kansa ta magudanai, ba tare da injin turawa ba, ya ratsa dubban kadada a ƙarƙashin kulawar Hukumar Raya Kogunan Haɗeja da Jama'are da aka kafa a 1976. Shekarar da ke da shuka ɗaya ta koma mai biyu, wani wurin ma uku: shinkafa da damina, alkama da tumatir da albasa da masara da rani. Garin da 'ya'yansa ke fita cin rani ya zama inda ake zuwa neman ƙodago. Ashe an ɗame tsirkiyar lokaci, ba da tsatsuba ba, da siminti da ƙofar ƙarfe.

To amma fa wanda ya hau motar kwaɗayi ya san tashar da za ta sauke shi, haka ma wanda ya sauya wa lokaci bugu ya shirya biyan farashi. Alkama sanyi take so. In ba a shuka ta tsakanin tsakiyar Nuwamba da farkon Disamba ba, zafin Maris zai riske ta tana zuba ƙwaya, sai ta tsumbure. Jinkirin sakin ruwa na 'yan makonni, wanda a takarda ba komai ba ne, a gona asarar shekara ce. Haka nan idan kowa ya dasa tumatir a mako guda, a mako guda zai nuna, kwanduna su cika kasuwar Kwanar Gafan, farashi ya faɗi warwas. Manomin da gonarsa ke wutsiyar magudana kuwa, kullum agogonsa a baya yake, sai na sama sun ƙoshi ruwa ke isa gare shi.

Abin bai tsaya nan ba. Kogin Haɗeja a da yana da nasa bugun: ya cika ya batse da damina, ya janye da rani, masunta da makiyaya da manoman fadamun Haɗeja da Nguru kowa ya san lokacinsa. Bayan Tiga da madatsar Challawa ta 1992, ambaliyar ta ragu, ruwa ya riƙa gudana har da rani, ciyawar kacalla ta samu wurin zama ta toshe hanyoyin ruwa. Mun ƙara wa Kura kwanaki, mun rikita wa na ƙasa nasu.

Babu shakka shirin gyaran magudanai da Bankin Duniya ya amince da tallafa masa a 2014 ya taɓa wannan yanki, kuma abin a yaba ne. Sai dai gyaran jikin agogo daban, saita shi daban. Shawarata ga hukuma da ƙungiyoyin masu amfani da ruwa ita ce, a tsayar da jadawalin buɗe ruwa da rufe shi tun kafin kaka, a yi shelarsa a rediyo da Hausa, a liƙa shi a ƙofar kowane dagaci, sannan a cika alkawari. A tsara dashen tumatir kashi-kashi, a fara ba na wutsiya ruwa a wasu ranaku, a kuma zauna da mutanen Jigawa da Yobe kafin a taɓa ƙofar dam.

Mu da muka yi boko muna fushi idan jirgi ya makara da awa guda. Ya kamata mu ji irin wannan zafi a madadin manomin Bunkure da ya ci bashin taki, ya zauna a bakin busasshiyar magudana yana ƙirga kwanakin sanyi suna wucewa. Wanda ke riƙe da mabuɗin ƙofar ruwa, amanar lokacin jama'a ce a hannunsa. Allah Ya ba shi ikon riƙewa.