Oumarou Ganda da tambayar mazantaka

Samarin Gaya da Bana da suka riƙa ƙetare gadar Malanville neman kuɗi, Oumarou Ganda ya riga su wannan tafiya. Haifaffen Yamai ne a 1935, ya yi wa Faransa soja a yaƙin Indochine, sannan ya yi dako a tashar jiragen ruwan Abijan. Can Jean Rouch ya sa shi a fim ɗin Moi, un Noir na 1958, ya faɗi wahalar baƙar fata ɗan ci-rani da bakinsa. Amma Cabascabo, wanda ya shirya kuma ya fito a ciki, ya fi ciwo: tsohon soja ya dawo gida, abokai na zuga shi, aljihu na bushewa suka watse, ya koma neman gona. Cibiyar al'adu ta CCOG a Yamai sunansa ta ci.