Shirin Musamman: Shahon Feregirin, Gwanin Sura da Ya Kusa Ƙarewa

A duk halittun da aka taɓa auna gudunsu, babu wadda ta kamo shahon feregirin. Tsuntsu ne daga dangin shaho, masana kimiyya na kiransa Falco peregrinus, Larabawa kuma suna ce masa shahin. Ba wani ƙato ba ne. Tsawonsa daga baki zuwa wutsiya santimita 34 ne zuwa 58, in ya buɗe fukafukai kuma faɗinsu kan kai santimita 74 zuwa 120. Macen ta fi namijin girma da kusan kashi ɗaya cikin uku: babbar mace kan kai kilo ɗaya da rabi, namiji kuwa da wuya ya cika kilo guda. Bayansa ruwan toka ne mai duhu, ƙirjinsa fari da ratsin baƙi, sannan akwai wani baƙin zane da ya sauko daga ƙasan idonsa kamar saje, wanda da shi ake saurin gane shi.

Ana samunsa a kowace nahiya in ban da Antatika. Yana zama a duwatsun gaɓar teku, da tsaunuka, da bakin hamada, har da yankunan ƙanƙara na can arewacin duniya. A cikin tsuntsaye masu farauta, babu wanda ya kai shi yaɗuwa.

Abincinsa tsuntsaye ne, kuma a sama yake kama su: tantabara, kurciya, agwagwar ruwa, tsuntsayen bakin fadama, wani lokaci har jemage da magariba. In yana tafiyarsa ta yau da kullum, gudunsa bai cika wuce kilomita 90 a awa ba, tantabara mai ƙarfi ma tana iya ba shi wahala. Gwanintar tana wajen sura. Sai ya yi ta hawa sama har ya zama ɗan ɗigo, ya hango abin da yake so, ya naɗe fukafukai a jiki, ya sako kai ƙasa. A wannan saukowa yakan wuce kilomita 320 a awa. Wani mai horar da shaho a Amurka, Ken Franklin, ya riƙa dirowa daga jirgin sama da lema tare da wata macen shaho da ya horar mai suna Frightful, aka auna gudunta ya kai kilomita 389 a awa.

Jikinsa an shirya shi don wannan aiki. Idonsa yana da wata siririyar fata da ke share shi tana jiƙa shi, don kada iska ta busar da shi a tsakiyar sura. In ya iso, ba kamawa yake fara yi ba: bangaza yake kaiwa da ƙafa, galibi a fiffike, abin farautar ya rikito, shi kuma ya kewayo ya cafke shi tun kafin ya taɓa ƙasa. A gefen bakinsa na sama akwai wani ɗan tsini mai kama da haƙori, da shi yake karya ƙashin wuya. Duk da haka, surar da ke tashi a banza ta fi wadda ke kamawa yawa.

Feregirin ba ya gina sheƙa. Macen kan sami ɗan dandamali a jikin dutse mai tsayi, ta kwanta ta tura tsakuwa da ƙafa har ta yi ɗan kwari, ta saka ƙwai 3 ko 4. Kwanci kan ɗauki kwana 29 zuwa 33, namiji na kawo abinci, yana kuma karɓar ta lokaci-lokaci. 'Ya'yan kan fara tashi bayan kamar mako shida, amma fiye da rabinsu ba sa cika shekara. Waɗanda suka rayu sukan riƙe abokin zama guda, su riƙa komawa dutse ɗaya shekara da shekaru.

Wasu nau'o'insa ba sa barin inda aka ƙyanƙyashe su, ciki har da ƙaramin nau'in da ke zaune a Afirka kudu da Sahara. Na can arewa kuwa 'yan ci-rani ne. Waɗanda ke haihuwa a arewacin Kanada da Girinlan sukan gangara har Kudancin Amurka, tafiyar da zuwa da dawowa kan kai kilomita 25,000 a shekara. Na arewacin Rasha kuma wasunsu Afirka suke yo wa tsinke in sanyi ya kama, suna bin ayarin tsuntsayen ruwa. Sai dai shahon da aka fi sani a ƙasar Hausa, mai surar 'yan tsaki a tsakar gida, galibi ba shi ba ne, wani ɗan'uwansa ne ko ma shirwa.

To, masu sauraro, tsuntsun da ke da wannan ƙarfi da wannan yaɗuwa, a cikin shekara 20 kacal ya kusa ɓacewa daga sassa da dama na Turai da Arewacin Amurka.

A shekarar 1939 wani masanin haɗa sinadarai ɗan ƙasar Suwizalan, Paul Müller, ya gano cewa sinadarin DDT na kashe ƙwari. Ya yi amfani ƙwarai wajen yaƙi da sauro da ƙwarƙwata, har aka ba Müller lambar yabo ta Nobel a 1948. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu sai aka sake shi ga manoma, aka riƙa feshinsa a gonaki da dazuzzuka ba ƙaƙƙautawa. Illarsa ita ce ba ya saurin lalacewa, kuma a kitse yake taruwa. Ƙwaro ya ɗauki kaɗan, ƙaramin tsuntsu ya ci ƙwari dubbai, shaho kuma ya ci ƙananan tsuntsaye ɗaruruwa. Duk abin da na ƙasa suka tara, a jikin na sama yake ƙarewa.

Yadda aka gano matsalar a Birtaniya abin mamaki ne. A 1960 masu kiwon tantabarun tsere ne suka kai wa gwamnati kuka cewa feregirin ya yi yawa yana cinye musu tantabaru, a cire masa kariyar doka. Dama a lokacin yaƙi an taɓa ba da umarnin harbe shi, a 1940, don kare tantabarun da ke kai saƙon soja. Sai aka ɗora wa wani masani, Derek Ratcliffe, aikin ƙidaya. Ya bi duwatsu a 1961 da 1962, ya tarar da akasin abin da aka faɗa: wurare da yawa ba kowa, inda kuma akwai tsuntsayen sai ga fasassun ƙwai. Zuwa 1963 abin da ya rage bai kai rabin adadin da ake da shi kafin yaƙi ba.

Ratcliffe ya shiga gidajen adana kayan tarihi da gidajen masu tara ƙwan tsuntsaye, inda aka ajiye ɓawon ƙwai kowanne da shekarar da aka ɗauko shi. Ya riƙa ɗora su a sikeli ɗaya bayan ɗaya, yana gwada nauyi da girma. Ƙwan da aka tara shekaru da dama kafin yaƙi kaurinsu ɗaya ne. Daga wajen 1947, daidai lokacin da DDT ya shiga gonaki, sai ɓawon ya rage kauri da kusan kashi 20 cikin 100. Ya wallafa sakamakon a mujallar Nature a 1967. Daga baya aka fahimci yadda abin yake: a jikin tsuntsu DDT na rikiɗa ya zama DDE, shi kuma yana hana sinadarin kalsiyam isa ga ɓawon ƙwai. Uwa lafiyarta ƙalau a ido, amma da ta kwanta kan ƙwai sai ya fashe a ƙarƙashinta. Wasu magungunan da aka riƙa cuɗa iri da su, irin su dieldrin, su kuma manyan tsuntsayen suka riƙa kashewa kai tsaye.

A Amurka abin ya fi muni. Binciken da Joseph Hickey ya shirya a 1964 ya zagaya tsoffin wuraren haihuwa fiye da 100 a gabashin ƙasar, ba a sami ko guda da tsuntsu a ciki ba. Littafin Rachel Carson mai suna Silent Spring, na 1962, ya riga ya tayar da hankalin jama'a a kan magungunan ƙwari. A 1970 aka sa feregirin cikin jerin halittun da ke bakin ƙarewa, a 1972 kuma aka haramta amfani da DDT a gonakin ƙasar.

Inda tsuntsun ya ƙare ƙaf, haramci kaɗai ba zai dawo da shi ba. Farfesa Tom Cade na Jami'ar Cornell ya kafa gidauniyar Peregrine Fund a 1970, ya haɗa kai da masu farauta da shaho, waɗanda wasunsu suka ba da tsuntsayensu don a samu iri. Sukan ɗauke ƙwan farko su sa a injin ƙyanƙyasa, uwar ta sake saka wasu. In 'ya'yan sun tasa, sai a kai su cikin akwati a kan dutse ko hasumiya, a riƙa zura musu abinci ba tare da sun ga mutum ba, a buɗe ƙofa in sun isa tashi, a ci gaba da ajiye abincin har su koyi farauta. A duwatsu manyan mujiyoyi sun kashe da yawa daga cikinsu, abin da ya ƙara sa aka juya ga birane. An saki fiye da 6,000 a Arewacin Amurka. A 1975 ma'aurata 324 kawai aka sani, amma zuwa watan Agusta na 1999, lokacin da aka cire shi daga jerin halittun da ke bakin ƙarewa, sun haura 1,600.

Aikin Cade ya fi yin suna, kuma ya cancanta. Amma a Birtaniya, inda ba a yi irin wannan saki ba, tsuntsun ya farfaɗo da kansa bayan an taƙaita magungunan, har ƙidayar 2014 ta sami ma'aurata fiye da 1,700. Janye gubar ne ginshiƙi. Da ba a janye ta ba, da duk abin da aka saki ya bi sahun na baya.

Yau feregirin ɗan birni ne. Dogon bene ya maye masa gurbin dutse, ga tantabaru ba iyaka. A 1983 ya fara haihuwa a kan manyan gadojin birnin New York, a Landan kuma har a ginin majalisar dokoki yake saka ƙwai. Ƙungiyar kare halittu ta duniya, IUCN, ta sa shi cikin waɗanda ba a fargabar ƙarewarsu.

Ba a ce an gama ba. Ana satar ƙwai da 'ya'ya, ana kuma ɗana wa masu ci-rani tarko, saboda kuɗin da shaho ke yi a kasuwar ƙasashen Larabawa na yankin Gulf, duk da cewa yarjejeniyar CITES ta hana cinikin na daji tsakanin ƙasashe. Murar tsuntsaye ta H5N1 ma ta kashe da dama a 'yan shekarun nan, musamman masu cin tsuntsayen ruwa. DDT kansa bai ƙare ba: yarjejeniyar Stockholm ta 2001 ta bar ƙofar amfani da shi a cikin ɗakuna don yaƙi da sauro.

A nahiyar Afirka kuwa, masu sauraro, 'yan'uwansa ne ke cikin halin da shi ya fito. Maganin da ake fesa wa janbaki daga jirgin sama yana kashe shaho da sauran masu cin gawar tsuntsayen da aka fesa. Wani bincike da aka wallafa a watan Janairun 2024 ya duba nau'o'i 42 na tsuntsaye masu farauta a Afirka, ya tarar kusan kashi 90 cikin 100 nasu suna raguwa, kuma raguwar ta fi tsanani a Afirka ta Yamma.