Amsar Wasiƙa: Filashin Waya

Wani ɗan kasuwar hatsi daga Birnin Tudu ya tambaya ko akwai haɗari a yi wa waya filashin da manhajar da ba ta kamfani ba.

To malam, akwai. Wanda ya sauya manhajar yana iya ɓoye ɓarawo a ciki, ya riƙa karanta saƙonnin bankinka. A 2021 kamfanin Kaspersky ya gano irinsa, mai suna Triada, cikin wani jabun WhatsApp, wato FMWhatsApp.

Saboda haka in ka kai waya gyara Talata Mafara, cire layinka tukuna, ka ce a sa maka ta asali ko da ta fi tsada. Araha ba ta ado. In an riga an yi, canza lambar sirrin bankinka yau. Allah ya tsare.