Yara na naɗar wasan waya, sirrin 'yan kasuwa na bin iska a Madawa, Buza da Keita

Duk wanda ya ratsa garin Madawa da yamma, ko ya zauna a wata rumfa a kasuwar Buza ko ta Tamaske, da wuya ya rasa ganin yara uku ko huɗu sun jeru a gindin bango, kowa ya riƙe waya a kwance da hannu biyu, yana ta surutu shi kaɗai. Wasan yaƙi suke yi ta intanet, kuma surutun nan da abokan wasa ake yin sa, wani yana Tawa, wani yana Kano, wani ma a ƙasar da yaron bai san sunanta ba. Mun saba jin kukan iyaye a kan wannan al'amari, cewa wasan yana cinye mega, yana kashe batir, yana hana karatu da zuwa aike. To amma akwai wata ɓarna da ba a cika lura da ita ba, wadda ita ce ta sa muka ɗauki alƙalami a yau, domin ta shafi 'yan kasuwa maza da mata kai tsaye.

A kakar albasar da ta wuce mun sauka a gidan wani ɗan'uwanmu da ke sayen albasa a kwarin Tarka yana lodi zuwa Kumasi. Bayan sallar isha'i ɗansa mai shekara 14 ya kawo mana waya yana murna, wai mu kalli yadda ya cinye wasa. Ashe ya naɗi wasan ne, har ya riga ya tura wa zauren abokansa a WhatsApp. Muna cikin kallo sai muka ji wata murya da muka sani tana fitowa ta ƙarƙashin ƙarar bindigogi. Mahaifinsa ne a bakin ƙofa yana waya da direba, yana faɗin buhu nawa aka loda, jaka nawa suka rage, da ranar da zai ɗauki kuɗi ya shiga ƙauye don ya sallami manoma. Yaron bai ma lura ba, domin hankalinsa na kan wasa. Da muka duba zauren, mutanen ciki sun haura 40, kuma akasarinsu bai taɓa ganinsu ido da ido ba. Dole maigidan ya sauya ranar tafiya, ya kuma sauya hanya. Allah ya kiyaye, babu abin da ya faru. Sai dai magana zarar bunu ce, wadda ta fita ba ta dawowa.

Yadda abin yake aiki

Domin mai karatu ya gane inda gizo ke saƙa, sauti iri uku ne ke haɗuwa idan yaro yana irin wannan wasa. Na farko shi ne sautin wasan kansa, wato harbi da gudu da kiɗa. Na biyu shi ne muryoyin abokan wasa da ke shigowa ta intanet. Na uku kuwa shi ne abin da makirfon wayar ke ɗauka, kuma a nan matsalar take, domin makirfo ba ya zaɓe. Muryar yaro da ta uwarsa da ke ciniki, da ta dillalin da ya zo karɓar la'ada, da ta maƙwabciya mai ƙorafin bashi, duk ɗaya suke a wurinsa.

Wasannin da yaranmu suka fi so duk suna da hanyar hira da murya. Free Fire na kamfanin Garena da ke Singafo ya fito a ƙarshen 2017, PUBG Mobile ya biyo baya a 2018, sai Call of Duty Mobile a 2019. A cikinsu yaro na iya haɗuwa da abokan unguwa, yana kuma iya barin wasan ya zaɓo masa abokai daga ko'ina. Muddin makirfo na buɗe, waɗannan baƙi suna jin abin da ake faɗa a rumfar ko a tsakar gida nan take, ko da yaron bai naɗi komai ba, kuma kowane ɗaya daga cikinsu na iya naɗa daga can ɓangarensa.

Shi kuwa naɗin fuskar waya, a yanzu bai buƙatar wata gwaninta. Tun daga Android 11, wadda ta fito a 2020, wayar da kanta take zuwa da abin naɗi, kuma kafin ta fara takan tambaya ko sautin cikin waya ake so, ko na makirfo, ko duka biyun. Yara duka biyun suke zaɓa, domin armashin bidiyon shi ne a ji ihunsu da barkwancinsu. Bugu da ƙari, wayoyi da yawa ba sa kama muryar abokan hira daga ciki, don haka sai yaro ya saki lasifika, ko ya ajiye wata wayar a gefe tana ɗauka. Ta haka ɗakin gaba ɗaya yake shiga cikin naɗin.

Waɗanda ke wannan harka da kwamfuta a matsayin sana'a sun daɗe da sanin wannan haɗari. Suna amfani da wata manhaja ta kyauta mai suna OBS Studio, wadda ke iya raba sauti har layi 6, a ajiye wasa daban, muryar abokai daban, makirfo daban. Idan wata magana ta gida ta shiga, sai a goge layin makirfo a bar sauran. Haka nan a manhajar hira ta Discord akwai tsarin da makirfo ba ya buɗewa sai an danna maɓalli. A waya kuwa galibi komai cakuɗewa yake yi wuri guda, kamar gero da dawa a turmi ɗaya, wanda duk ya so cire maganar sai dai ya kashe sautin baki ɗaya ko ya yanke wurin.

Me ya sa ya shafe mu?

Wani zai ce ai hirar rumfa ce kawai, me za ta tsinana wa wanda ke nesa? Amsar tana cikin irin sana'armu. Yankin Adar da kwarin Tarka da na Magiya gidan albasa ne, wadda duniya ta sani da sunan Galmi. Daga Sabon Gida da Arewa da Tamaske da Karofan manyan motoci ke ɗauka su nufi Kwatano da Lome da Akra da Abijan. Wannan ciniki kuwa a kan amana da rufin asiri ya ginu. Wanda ya zuba albasa a rudu yana jiran ta yi daraja ba ya son a san yawanta. Wadda ta karɓi kaya bashi daga hannun babban ɗan kasuwa ba ta son abokan sana'a su san nawa aka bar mata. Mai shanun da ya sayar a Tunfafi ba ya son a san da wace mota zai koma gida. Duk da cewa kamfanonin aika kuɗi irin su Nita da Amana da Al Izza sun rage yawo da tsabar kuɗi tsakanin birane, manomi a ƙauye har gobe a hannu yake son a ƙirga masa.

Idan ba a manta ba, kudancin gundumar Madawa ya yi iyaka da jihar Sakkwato ta Najeriya, inda 'yan bindiga masu satar mutane suka addabi jama'a. A watan Nuwamba na 2021 kaɗai, hukumar kula da 'yan gudun hijira ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta ce mutane fiye da 11,500 ne suka tsallako, suka fake a ƙauyukan karkarar Bangi. Kowa ya san cewa irin waɗannan miyagu da labari suke aiki, wa ke da kuɗi, yaushe zai fita, ta ina zai bi. Da ɗan gari akan ci gari. Bai kamata mu bari 'ya'yanmu su zama masu kai wannan labari ba tare da sun sani ba.

Wani abin lura shi ne yawancin wayoyin nan ba na yaran ba ne. Ko dai ta uwa ce da ta miƙa masa don ya bar ta ta yi ciniki, ko kuma wadda yaya ya aiko daga wurin bida a Abijan ko Libiya. Wato wayar da ake karɓar saƙon kuɗi da ita, ita ce ake wasan da ita, kuma a wurin da ake maganar kuɗin. Naɗin fuskar waya yakan ɗauki har saƙon da ya faɗo a sama a daidai lokacin, da sunan mai aikowa da adadin kuɗin.

Su kansu 'yan kasuwarmu gwanayen saƙon murya ne, wanda muke ce wa vokal. WhatsApp ta kawo shi a 2013, kuma a 2022 kamfanin ya ce ana aika kimanin biliyan 7 a kowace rana a duniya. Ya taimaki wanda bai yi boko ba, ya kuma zama shaida idan gardama ta taso kan farashi. Sai dai a vokal, Hajiya ce da kanta take danna wa, ta faɗi abin da ta ga dama, ta zaɓi wanda za ta aika wa. A wasan yara babu ko ɗaya daga cikin ukun nan da ke hannunta.

Abin da doka ta ce

A ƙasashen da wasannin suka fi yaɗuwa, hukumomi sun riga sun ɗauki mataki. A watan Disamba na 2022 kamfanin Epic Games mai wasan Fortnite ya amince ya biya gwamnatin Amurka tarar dala miliyan 275 kan keta dokar kare sirrin yara. Cikin laifuffukan da aka ɗora masa har da barin hirar murya a buɗe tun daga farko, abin da ya haɗa yara da baƙi. An kuma tilasta masa ya riƙa barin ta a rufe ga yara har sai an buɗe da gangan.

A nan Nijar ma akwai doka. Hukumar HAPDP ita ce ke kula da kare bayanan da suka shafi mutum, kuma murya na cikin abubuwan da ake gane mutum da su. Akwai kuma dokar laifuffukan intanet ta watan Yulin 2019, wadda aka yi wa gyara a watan Yunin 2024, aka dawo da hukuncin ɗauri kan ɓata suna da zagi da yaɗa abin da zai tayar da hankalin jama'a ta waya ko kwamfuta. Mun san yadda baki ke zamewa a hirar rumfa. Wani ya ambaci sunan abokin ciniki ya kira shi macuci, wata ta furta maganar da ba za ta so a ji a waje ba. Idan wannan ya shiga bidiyo ya hau TikTok ko Facebook, uzurin cewa yaro ne ya ɗauka ba lallai ya fitar da mutum daga wahala ba. Kafin doka ma, addininmu ya hana bin diddigin sirrin mutane, kamar yadda malamai ke karantarwa daga Suratul Hujurat.

Mafita

Ƙwace waya da duka ba sa magance komai, sai dai su sa yaro ya koma yi a ɓoye da wayar aboki. Abin da muka ga ya fi amfani shi ne a kafa sharaɗi a gida, a kuma bayyana wa yaro dalili. Kada a yi wasan hira da murya a cikin shago, ko a rumfa, ko a zauren da ake lissafi. In zai yi, ya koma can gefe, ya sa abin sauraro na kunne mai makirfo kusa da baki, wanda ke rage ɗaukar hayaniyar gefe, ko da yake bai kawar da ita duka ba. In zai naɗa a cikin gida, ya zaɓi sautin cikin waya kawai. Kafin kuma ya tura wa kowa, ya saurara daga farko har ƙarshe, ya kuma bai wa wani babba ya ji.

Ga iyayenmu mata da ba sa karanta rubutun waya, akwai alama mai sauƙi. A wayoyin Android 12 zuwa sama, wato tun daga 2021, ɗan ɗigo kore yakan bayyana a saman fuskar waya ta dama duk lokacin da makirfo ko kamara ke aiki. A iPhone ɗigon makirfo ruwan lemo ne. Da zarar kin ga ɗigon nan, ki sani wayar tana saurare, sai ki dakata da maganar kuɗi. Haka kuma ana iya hana wasa taɓa makirfo gaba ɗaya daga cikin saitin waya. Mai gyaran waya ko mai cajin da ke bakin kasuwa zai yi miki shi cikin minti biyu, kuma wasan zai ci gaba da aiki, murya ce kawai ba za ta fita ba. Wanda Allah ya hore wa, ya raba wayar ciniki da ta yara.

Muna kira ga shugabannin 'yan albasa, da sarakunan kasuwa, da ƙungiyoyin mata masu adashi, su sa wannan magana cikin tarukansu, haka ma gidajen rediyon karkara su ware mata lokaci. Ɗan'uwan namu da muka ambata bai hana ɗansa wasa ba. Ya dai zaunar da shi ya sake kunna masa bidiyon, ya nuna masa wurin da muryarsa ta fito, sannan ya tambaye shi ko ya san duk waɗanda suka ji. Yaron ya yi shiru, ya goge bidiyon, kuma tun daga ranar a bayan gida ƙarƙashin bedi yake wasansa. Hausawa sun ce ciki ba don tuwo kaɗai aka yi shi ba, to sai mu koya wa yaranmu cewa ita waya ba ta da cikin riƙe magana. Allah ya tsare mana dukiya da zuri'a, ya ba da kasuwa mai albarka.