Musidora: Jarumar Da Ta Koma Bayan Kyamara

Yau birnin Paris za mu leƙa, zamanin da fim ba ya magana, sai dai a rubuta zancen a jikin allo.

Sunanta na yanka Jeanne Roques, an haife ta a 1889, amma da Musidora duniya ta san ta. A 1915 darakta Louis Feuillade na kamfanin Gaumont ya ba ta rawar Irma Vep a Les Vampires, fim mai kashi goma kan gungun ɓarayi. Ku jujjuya haruffan Irma Vep, kalmar "vampire" ce za ta fito. Baƙaƙen kaya masu kama jiki take sawa tana bin rufin gidaje cikin dare, ga idanu dara-dara. Har 'yan sandan Paris sun taɓa dakatar da haska fim ɗin, wai yana ƙawata aikata laifi.

To amma ni abin da ya fi jan hankalina shi ne, ba ta tsaya jiran a kira ta aiki ba. Ta kafa kamfaninta, ta ba da umarni da kanta, har ta je Sifen ta ɗauki Soleil et ombre a 1922. Mace fa, a lokacin da matan Faransa ko ƙuri'a ba su da ikon jefawa!

Akasarin finafinan da ta shirya sun ɓace, domin faifan wancan zamani yana ruɓewa, ga saurin kama wuta. Shekarunta na ƙarshe a ma'ajiyar finafinai ta Cinémathèque française ta yi su tare da Henri Langlois, tana tattara tarihin abokan sana'arta, har ta rasu a 1957.

Sai mun haɗu a shiri na gaba.